'Yata za ta shiga Sista, an ce sai ta ɗauki alkawarin talauci: daga ina wannan ya fito?

Tambaya: "Ni ɗan Katolika ne, manomi. Da kuɗin hatsi da na dabbobi na karantar da 'yata har ta gama makarantar jinya. Yanzu ta ce za ta shiga Sista, kuma an gaya mini za ta ɗauki alkawarin talauci, albashinta ma ba zai riƙa zuwa hannunta ba. Wani fasto maƙwabcinmu ya ce talauci la'ana ne, Allah ba ya so ɗansa ya tsiyace. Ni kuma ina ganin Sistoci da mota da makaranta da asibiti. Wane irin talauci ne wannan? Yesu ne ya umarta?"

Amsa: Baba, sannu da ɗawainiya. Wanda ya sayar da abin da ya noma don 'yarsa ta yi karatu yana da cikakken haƙƙin yin wannan tambaya, kuma ya cancanci a amsa masa ba tare da kwana-kwana ba. Tarihin Ikilisiya nake koyarwa, don haka ta nan zan bi.

Ikilisiya ba ta taɓa koyar da cewa kwana da yunwa, ko rasa kuɗin magani, ko korar yaro daga makaranta saboda bashi, abin tsarki ne ba. Wannan masifa ce da aka umarci Kirista ya yaƙa. Abin da 'yarka za ta yi alkawari a kansa daban ne: za ta ajiye, da yardar kanta, ikon cewa "wannan nawa ne, zan yi yadda na ga dama da shi". Ba doka ba ce a kan kowane mai bi. Katolika na lissafa shi cikin shawarwarin Bishara guda uku, tare da zama ba aure da kuma biyayya, kuma wanda bai ɗauka ba bai yi zunubi ba.

Tushensa na cikin Matiyu 19. Wani saurayi mai dukiya ya tambayi Yesu abin da zai yi ya sami rai madawwami. Yesu ya fara da dokoki. Da saurayin ya ce ya kiyaye su duka, sai aka ce masa in yana so ya zama cikakke, ya je ya sayar da mallakarsa ya ba matalauta, ya zo ya bi shi. Ya tafi yana baƙin ciki. Sai dai ba kowa Yesu ya faɗa wa haka ba. Zakka mai karɓar haraji rabin dukiyarsa ya bayar, aka kuma ce ceto ya sauka a gidansa. Luka 8 ya ambaci matan da ke ɗaukar nauyin Yesu da almajiransa daga abin hannunsu, wato ba su rabar da komai ba. Yusufu na Arimatiya mai arziki ne, a kabarinsa aka sa Yesu. Ko a Ikilisiyar Urushalima, inda masu bi suka haɗa kayansu wuri ɗaya har ba a sami mabukaci a cikinsu ba, Bitrus ya faɗa wa Hananiya ƙarara cewa gonar tasa ce kafin ya sayar, kuɗin ma na hannunsa bayan ya sayar. Ƙaryar da ya yi, ya ɓoye wani ɓangare na kuɗin ya nuna kamar duka ya kawo, ita ce ta halaka shi. Tun daga farko, ke nan, akwai waɗanda aka kira su saki komai, akwai kuma waɗanda aka bar wa dukiyarsu aka ɗora musu nauyin ciyar da wasu.

Wanda labarinsa ya fi yaɗa wannan hanya wani saurayi ne ɗan ƙauye a Masar, Antoni, da aka haifa wajen shekara ta 251. Iyayensa sun rasu yana ɗan kimanin shekara 20, suka bar masa gonaki masu kyau da suka kai kusan hekta 80. Ya shiga majami'a ya ji ana karanta ayar nan ta saurayi mai dukiya, ya ɗauka da shi ake. Ya bar wa mutanen ƙauyensu gonakin, ya sayar da sauran kaya ya raba, ya danƙa ƙanwarsa a hannun wasu mata masu ibada, ya nufi hamada. Ya rasu a 356, kuma tarihinsa da Atanasiyus bishop na Iskandariya ya rubuta ya sa dubban mutane suka bi sawunsa. A zamanin ne Fakomiyus ya tara masu zaman zuhudu wuri guda a kudancin Masar, suna saƙa tabarmi da kwanduna suna ci daga guminsu.

Amma irin rayuwar da 'yarka za ta shiga ta fi kama da tsarin da Benedik ya rubuta a Italiya a ƙarni na 6, kuma kai da kake manomi za ka gane shi da sauri. Gandu ne da babu gayauna. Kowa na aiki a gona ɗaya, ana ci daga rumbu ɗaya, ba wanda ke da ɗan fegin da zai ce nasa ne shi kaɗai. A babi na 33 na dokarsa Benedik ya kira mallakar kai mugun hali da dole a tumɓuke daga saiwa, ya ce kada ɗan'uwa ya riƙe ko littafi ko allo ko alƙalami a matsayin nasa. Mutane kan tsaya a nan su ce tsanani ya yi yawa, ba sa ƙarasawa zuwa babi na 55, inda ya wajabta wa shugaban gida ya ba kowa duk abin da yake bukata, har ya jera su: riga, takalmi, ɗamara, wuƙa, allura, hankici, abin rubutu. Dalilinsa shi ne kada wani ya sami hujjar ɓoye abu da sunan rashi. A babi na 34 kuma ya ce ba daidai-wa-daida za a raba ba, gwargwadon bukata za a bi: mai bukatar kaɗan ya gode wa Allah kada ya ji haushi, mai bukatar da yawa ya ƙasƙantar da kai saboda rauninsa. Ya ce in sun sayar da abin da suka sana'anta, su ɗan rage farashi ƙasa da na kasuwa. Babu inda Benedik ya nemi mutanensa su yi yunwa. Son kai da ƙyashi da gunaguni yake farauta. Har yau 'yan Benedik da ke Ewu a Jihar Edo da aikin hannunsu suke rayuwa, kuma an san su da haɗa magungunan gargajiya.

Wannan tsari yana da rauni guda, kuma shi ne abin da idonka ya gani a motar Sistoci. Mutane masu aiki tuƙuru, masu cin kaɗan, marasa magada, ga masu mulki na yi musu kyautar filaye: dole gidan ya yi arziki ko da kowane mutum a ciki bai mallaki allura ba. Haka ta faru da gidan masu zuhudu na Kuluni a Faransa, da aka kafa a 910, ya zama cikin manyan masu ƙasa a Turai. A 1098 wasu suka fice suka kafa sabon gida a Sito don komawa ga sauƙin rayuwa, kafin a daɗe su ma tumakinsu da gonakinsu suka azurta su.

Daga nan ne Faransis na Asisi ya zo da abin da ya wuce na Benedik. Ɗan attajirin mai sayar da yadi ne, a zamanin da kuɗi da kasuwanci suka fara mamaye biranen Italiya. Wajen 1206, a gaban bishop da jama'a, ya tuɓe tufafinsa ya mayar wa mahaifinsa. Dokar da Fafaroma ya amince masa da ita a 1223 ta hana 'yan'uwansa karɓar kuɗi, ta kuma hana su mallakar gida ko fili ko wani abu, ko ɗaiɗaiku ko a ƙungiyance. A wasiyyarsa kuma ya ce su yi aiki, in ba a biya su ba su yi bara ƙofa-ƙofa. An ruwaito cewa da bishop ya nuna masa wannan rayuwa ta yi tsauri, ya amsa cewa in suka mallaki dukiya sai sun nemi makamin tsare ta, daga nan kuma rigima da shari'a ke tasowa su hana ƙaunar Allah da ta maƙwabci. Ina ganin wannan amsa ta fi duk abin da aka rubuta a kan batun zurfi, don ta nuna abin da Faransis ke nema shi ne ya zama ba shi da abin da zai sa ya ɗauki wani a matsayin abokin gaba. Kilara, wadda ta bi sawunsa, ta shafe rayuwarta tana roƙon Fafaroma bayan Fafaroma a bar ta da 'yan'uwanta mata su zauna ba tare da gonaki ko kuɗin shiga ba. An amince da dokarta a watan Agusta na 1253, kwana biyu kafin ta rasu.

Faransis ya rasu a 1226, ƙungiyarsa ta kai dubbai, ga masu wa'azi da malaman jami'a da ke bukatar littattafai da ɗakunan kwana da majami'u. Ta yaya wanda bai mallaki komai ba zai riƙe wannan duka? Sai aka samo dabara: a 1245 aka ce duk kayan na Fafaroma ne, su amfani kawai suke yi, aka kuma ƙarfafa wannan a 1279. Wasu daga cikinsu suka ce wannan wasa da hankali ne, in rumbu cike yake to ba a cikin talauci ake ba, ko sunan wa ke kan takarda. Rigima ta yi zafi har ta kai ga tsawon riga da halaccin ajiye hatsi. A 1318 aka ƙone huɗu daga cikin masu tsananin a birnin Marsai saboda sun ƙi yin biyayya, abin kunya da ba shi da wata kariya. A 1322 Fafaroma Yohanna na 22 ya ce shi ba zai ci gaba da zama mai kayansu ba, ya kuma kawo hujjar da ke da wuyar turewa: gurasar da mutum ya cinye, ta yaya zai ce amfani kawai ya yi da ita, mallakarta na wurin wani? A 1323 ya yanke cewa dagewa a kan Yesu da manzanni ba su mallaki komai ba, ko ɗaiɗaiku ko tare, karkatacciyar koyarwa ce. Bisharar Yohanna dai ta ce suna da jakar kuɗi, Yahuza ke riƙe da ita. Shugaban ƙungiyar kansa, Mika'ilu na Cesena, da masanin nan Wiliyam na Okam, suka gudu daga Abinyon, inda Fafaroma ke zaune a lokacin, a 1328 suka fake wurin sarki Ludubik na Babariya.

Na daɗe a kan wannan labari ne don ya nuna abin da ke faruwa in aka mai da talauci shi ne manufa. Mutanen da suka bar komai don su zauna lafiya da kowa sun ƙare suna ƙarar juna a kan wa ya fi wani rashi. Toma Akwinas, wanda ya rasu a 1274, ya riga ya yi gargaɗi tun kafin abin ya kai haka. Shi kansa ɗan ƙungiyar Dominik ne masu bara, kuma danginsa sun tsare shi kusan shekara guda don su hana shi shiga. Duk da haka ya koyar da cewa kammala tana cikin ƙauna, talauci kayan aiki ne kawai da ke kawar da abubuwa uku da dukiya kan jawo: damuwar tsaronta, son ta, da girman kai. Saboda haka, in ji shi, ba ƙungiyar da ta fi rashi ce ta fi kyau ba, sai wadda talaucinta ya dace da aikin da aka kafa ta dominsa. Masu jinyar marasa lafiya dole su sami abin jinya. Wannan ita ce matsayar da Katolika ta tsaya a kai, kuma Majalisar Tiren, babban taron bishop-bishop na Katolika, a 1563 ta hana ɗaiɗaikun masu alkawari mallaka, ta kuma halatta wa yawancin ƙungiyoyi mallaka ta tarayya.

Game da maƙwabcinka fasto, akwai gaskiya a bakinsa da bai kamata a raina ba. Martin Luta, wanda shi ma ya yi zaman zuhudu kafin ya fita, ya rubuta a 1521 cewa duk alkawarin da mutum ya ɗauka da tunanin zai sayi ceto da shi ya saɓa wa bangaskiya, ya kuma koyar da cewa manomi a gonarsa da uwa mai renon 'ya'ya suna cikin kiran Allah kamar kowa. Wannan gyara ne mai amfani, Katolika ma a yau tana koyar da cewa an kira kowane mai baftisma zuwa tsarki. Inda na rabu da faston shi ne kalmar la'ana. In rashi alamar fushin Allah ne, me za mu ce da Maryamu da Yusufu, da suka kai 'yan kurciyoyi biyu Haikali, hadayar da Littafin Firistoci ya tanadar wa wadda ba ta da halin ɗan rago? Me za mu ce da Bulus da ya rubuta wa Korintiyawa cewa yana fama da yunwa da ƙishirwa da rashin sutura? Ayar da masu wa'azin wadata suka fi so, 2 Korintiyawa 8:9, cewa Almasihu ya zama matalauci don mu wadata, tana tsakiyar roƙon gudummawa ne ga matalautan Urushalima, kuma misalin da Bulus ya kafa a wurin shi ne 'yan Makidoniya da suka bayar daga cikin matsanancin talaucinsu. Ka kuma tuna da masu bishara na ECWA da COCIN da EYN da suka zauna a ƙauyuka masu nisa da iyalansu a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba. Ba su ɗauki alkawari a gaban bagade ba, amma abin da suka zaɓa ke nan. Koyarwar da ke sa gwauruwa ta koma gida tana zargin bangaskiyarta saboda ba ta da kuɗi tana ƙara wa mai rauni nauyi ne, kuma ina ƙin ta da zuciya ɗaya.

Bishop-bishop na Latin Amurka da suka taru a Medelin ta Kolombiya a 1968 sun rarrabe abin yadda ya kamata. Akwai rashin abin masarufi, wanda mugun abu ne kuma galibi zalunci ke haifar da shi. Akwai talaucin ruhu, wato dogara ga Allah. Akwai kuma talaucin da mutum ya ɗauka da kansa don ya tsaya tare da matalauta ya kuma yi tir da halin da aka jefa su. Na ukun nan ba shi da daraja sai in yana rage na farkon.

Da wannan ma'auni za ka auna motar. Gaskiyar da ya kamata kowane mai alkawari ya riƙa tunawa ita ce Sista ta fi yawancin matan ƙauyenku kwanciyar hankali ta fuskar abin duniya. Ba za ta kwana da yunwa ba, in ta yi ciwo za a kai ta asibiti, in ta tsufa akwai masu kula da ita. Abin da ta rasa shi ne iko: ba ta zaɓar inda za ta zauna, ba ta tara na kanta, ko kuɗin mota zuwa gida sai ta nema, kuma motar da ka gani za a iya karɓe makullinta gobe a tura ta wani gari. Ga mace mai ilimi da albashi wannan ba ƙaramin abu ba ne. Amma neman izini kaɗai bai isa ba, kuma Majalisar Batikan ta Biyu ta faɗi haka a 1965: dole masu alkawari su zama matalauta a zahiri da kuma a ruhu, su yi aiki kamar kowa, ƙungiyoyinsu kuma su guji ko da kamannin almubazzaranci da cin riba fiye da kima da tara dukiya. Motar da ke kai mai naƙuda asibiti da tsakar dare tana kan hanyar da ta dace. Makarantar da aka kafa don 'ya'yan talakawa, yau kuma kuɗinta ya fi ƙarfin duk wani talaka a unguwar, tana da tambayar da za ta amsa, kuma kana da damar yi mata ita. Kada kuma ka haɗa da Fada na dayosis, wato wanda ke ƙarƙashin bishop kai tsaye ba cikin wata ƙungiya ba: shi bai ɗauki alkawarin talauci ba, yana iya mallakar mota da asusun banki, an dai gargaɗe shi ya yi rayuwa mai sauƙi.

Saura abin da na san ya fi ci maka tuwo a ƙwarya, ko da ba ka faɗa ba: wa zai riƙe gida? A wurinmu yaron da ya yi karatu na dangi ne gaba ɗaya, ƙanne na jiran ya ja su. Dokar Ikilisiya ta 1983, a sashe na 668, ta ce duk abin da mai alkawari ya samu ta aikinsa na ƙungiya ne, don haka abin da aka gaya maka game da albashi gaskiya ne. Sai dai kada kowa ya rufe maka baki da cewa ai an ba Allah. A Markus 7 Yesu ya tsawata wa masu cewa abin da ya kamata su taimaki iyaye da shi sun keɓe wa Allah. Akwinas ma ya rubuta cewa in iyaye na cikin bukatar da ba mai iya biya musu sai ɗansu, bai halatta ɗan ya bar su ya shiga zaman zuhudu ba. Sharaɗin shi ne bukata ta gaske, irin wadda babu wata mafita, ba ragin jin daɗi ba. Kai da ita da mahaifiyarta ne kuka san ko halin gidanku ya kai nan. In ya kai, faɗa mata da shugabar ƙungiyar ba hana kiran Allah ba ne, kuma ƙungiya mai hankali kan ce wa yarinya ta jinkirta ta fara sauke nauyin gida. In bai kai ba, Baba, ina roƙonka kada ka ɗaure ta da bashin karatu. Jinyar da ka biya ta koya marasa lafiya za ta yi wa, kuma mai yiwuwa irin waɗanda ba su da abin biya.

Ba kuma rana ɗaya ake ɗaure alkawarin ba. Bayan zaman gwaji na farko, akwai horon sabbin shiga na aƙalla wata 12, da ba ya wuce shekara 2. Sannan alkawari na wucin gadi, daga shekara 3 zuwa 6, wanda za a iya tsawaitawa amma kada jimilla ta haura 9. Sai bayan haka ake yin na din-din-din, kuma ba a yi wa wadda ba ta cika shekara 21 ba. A lokacin horo tana iya fita duk ranar da ta so, haka ma in wa'adin alkawarin wucin gadi ya cika.

Kafin ta shiga, ku je tare ku zauna da shugabar, ka yi tambayoyinka a fili. Ka tambayi abin da tsarin mulkinsu ya ce game da gado, domin a ƙungiyoyi da yawa Sista na ci gaba da mallakar abin da ta gada, sai dai kafin alkawarin farko take miƙa kulawarsa ga wanda ta zaɓa, kuma tana iya zaɓar ɗan gidanku. Ka tambayi abin da suke yi in mahaifin Sista ko mahaifiyarta suka kwanta ciwo ko suka tsufa ba mai taimako, don wasu ƙungiyoyi na da tanadi a kan haka, wasu kuma sai an nema. Ka tambayi sau nawa take zuwa gida. Sashe na 702 ya ce wadda ta fita ba za ta nemi ladan aikin da ta yi a ciki ba, ko da yake an umarci ƙungiyar ta yi mata adalci da ƙauna, saboda haka ka nemi tabbacin cewa takardun karatunta na asali za su kasance inda za ta iya karɓa, kuma za a riƙa sabunta mata lasisin aikin jinya a kan lokaci da sunanta.